Husaini Ga-Mutuminka da Bashin Kamfanin Ruwa

Idan ka ga wani dattijo dogo siriri da hular da ta koɗe yana gangarowa daga Tudun Ƙofa da sauri kamar an aike shi, hannuwansa a goye a baya, to Malam Husaini ne. Sau da yawa ba inda za shi. Tafiyar ce ta kama ƙafarsa ta ƙi saki. Manyan Keffi ba sa kiran sunansa shi kaɗai, sai sun haɗa da laƙabin da kasuwa ta ba shi: Husaini Ga-Mutuminka.

A gidan da yake ciki aka haife shi. Mahaifinsa ya bar shi ginin ƙasa ne, shi kuma ya sallami 'yan'uwansa da rabonsu, ya riƙa rushe ɗaki yana tayar da na bulo, bana ɗaya, baɗi babu, har gidan ya tsaya da ƙafarsa. Zaure a gaba, shaguna biyu a gefen zauren suna kallon hanya, sai tsakar gida mai faɗi da rijiyar da ba ta ƙafewa ko da rani ya yi tsanani. Matan unguwa a nan suke ɗiba idan famfo ya yi shiru, kuma famfon ya fi yin shiru a kan magana. Karatunsa na allo ne, da ɗan na boko da bai wuce ya rubuta sunansa ba.

Dillancin doya ya tashi a ciki. Manoma su kawo daga Garaku da Panda da ƙauyukan bayansu, masu saye su zo daga Abuja da nesa da Abuja. Mai saye ya kan ɗauki doya ƙwarya kaza ya ce sai kasuwa ta zagayo zai cika kuɗi. Manomi bai san shi ba, bai san garinsu ba. A nan ake neman wanda zai tsaya. Yadda Husaini ya taras iyayen gidansa suna yi, haka ya ci gaba: ya kama wuyan hannun mai saye, ya ɗaga wa manomi, ya ce ya san shi, ya san ƙofar gidansu. Shi ke nan, a loda mota.

In mai saye ya cika alkawari, magana ta ƙare. In ya ɓace, ba wanda ya taɓa cewa Husaini ya sa hannu a aljihu ya biya. Ba haka tsarin yake ba. Aikin wanda ya tsaya shi ne ya nemo mutum duk inda ya shiga, ya kamo wuyan hannun nan, ya kawo shi gaban mai kaya, ya ɗora a tafinsa, ya ce, "Ga mutuminka." Daga nan nauyi ya sauka daga kansa. Abin da ya rage tsakaninsu ne da sarkin kasuwa.

Kuma bai taɓa kasa kawowa ba. Akwai wanda ya bi har Nasarawa ya same shi a gaban wanzami an aske rabin kai, ya ce ragowar a ƙarasa a Keffi, haka ya shigo da shi kasuwa ana ta dariya. Da sunan ya bazu, sai abin ya wuce doya. Mai gidan haya da zai ba ɗalibin jami'a ɗaki, mai babur da zai ba ɗan acaba, mai shago da zai ɗauki mai tsaro, duk sai a ce a je a zo da Husaini. Ba ya karɓar komai sai godiya. Matarsa Mairo ta kan ce rabin kuɗin cefanenta a wurin mai gyaran takalmi yake kwana.

Cikin manoman da suke sauka a wurinsa babu wanda ya kai Yosiya daɗewa. Mutumin wani ƙauye ne kusa da Garaku, tun suna samari yake kawo masa doya, yana kiransa maigida. Da ɗansa Jethro ya samu sakandare a Keffi, gidan Husaini aka kawo shi. Ya yi shekarun karatunsa a ɗakin da ke jikin zaure, kwano ɗaya da 'ya'yan gidan. Ranar Lahadi Mairo ce take buga masa ƙofa kada ya makara coci, tana cewa ba za a ce a gidanta ya koyi lalaci ba. Yana ce wa Husaini Baba, yana ce mata Mama.

Jethro ya girma, ya yi aiki a Mararaba, ya tara abin da ya tara, ya dawo Keffi ya buɗe kamfanin ruwan leda a bayan gari. Sunan mahaifiyarsa marigayiya Keziya ya sa wa ruwan. Kamfani ne mai rajista, takardarsa a cikin gilashi a bango, ya nuna wa Husaini ita da alfahari. Ciniki ya buɗe, ɗalibai suna sha, masu biki suna oda, har injin ɗaya ya kasa. Wani ƙaramin banki a cikin gari ya yarda zai ba kamfanin rance a sayi sabon inji da motar rabawa, amma sai an kawo garanto, mutum zaunanne wanda gari ya sani.

Jethro ya zo zaure da burodi da lemo, ya durƙusa. Bai gama bayani ba Husaini ya fara laluben takalmi.

A banki, wata ma'aikaciya ce ta karɓe su, Caroline, budurwa mai fara'a. Kafin ta ce komai Husaini ya kama wuyan hannun Jethro ya ɗaga mata, ya ce ya san shi, a gidansa ya tashi, ya san gonar ubansa. Ta yi dariya ta ce ta yarda, amma su a takarda suke karɓa. Ta yi masa bayani da Hausarta mai ɗan karkata, tana cusa Turanci inda ta maƙale. Ba ta ɓoye masa komai ba. Ta ce kamfani ne ke cin bashin, in kamfani ya kasa, wurinsa za su zo, shi zai biya. Ya ji ta sarai. Amma duk mai ba da kaya haka yake faɗa a ranar farko don ya tsorata mutane, ya sha jin irinta a bakin manoma, kuma ƙarshenta kowa ya san yadda ake yi. Abu ɗaya ya tambaya, ko za su riƙe takardun gidansa. Ta ce a'a, wannan ba jingina ba ce. Hankalinsa ya kwanta.

Ta ce in yana so ya tafi da takardar gida a karanta masa tukuna. Ya waiwaya ya ga Jethro a tsaye. A ganinsa, tafiya da takarda a karanta daidai yake da ce wa yaron a gaban baƙuwa ba a yarda da shi ba. Ya ce ba sai an kai ga haka ba. Ya rubuta sunansa a hankali, harafi bayan harafi, aka shafa masa tawada a babban yatsa ya dangwala. 'Yarsa Nasiha, wadda ke koyarwa a firamare, ba ta ji labarin ba sai da aka kwana da yawa. Da ta ji, ta ce da dai an kira ta. Ya ce ita da aka haifa jiya.

Farko lafiya lau. Sabuwar motar ta kan tsaya a ƙofar gida ta yi oda, a sauke wa Mairo jakar ruwa, ita kuma ta ce mai rijiya me zai yi da ruwan leda, amma ta karɓa. Sannan kuɗin dizal ya tashi. Ledar ma ta tashi. Aka ƙara wa ruwan kuɗi, masu saye suka koma wurin wasu. Injin motar ya buga a hanyar Akwanga aka jawo ta da igiya. Ma'aikata suka fara zamewa ɗaya bayan ɗaya. Odar mota ta daina tashi a ƙofar gida. Jethro ya zo gaisuwa wata Juma'a idanunsa a zurme, ya ce abubuwa za su daidaita. Bayan wannan wayarsa ta daina shiga.

Banki suka je suka kwashe injuna da gawar motar suka sayar. Kuɗin bai rufe ba, ga ruwan bashi yana hawa. Sai suka zo zaure, Caroline da wani mutum mai jaka. Husaini ya shimfiɗa musu tabarma, ya sa aka kawo ruwan rijiya mai sanyi, ya ce su ba shi lokaci zai kawo shi. Mai jakar ya ce ba Jethro suka zo nema ba, kuɗi suka zo nema. Husaini ya gyaɗa kai irin na wanda ya san zafin mai bin bashi. Suna fita ya sa takalmi.

Garaku ya fara zuwa. Ya taras da Yosiya a gindin mangwaro, idanunsa sun yi hazo, da murya ya gane shi. Tsohon ya rantse bai san inda yaron yake ba, ya ce ko shi bai yi wa sallama ba, ya riƙe rigar Husaini yana ba da haƙuri har Husaini ya ji nauyi ya tashi. Daga nan Panda, wurin dangin matar Jethro, Paulina. Ita ma ta koma gidan iyayenta da yara. Ta ce rabonta da jin muryarsa tun kafin shuka, ta faɗi haka tana kallon ƙasa, ya kasa gane ko gaskiya ce ko rufin asirin miji. Wani ya ce an gan shi a Masaka yana lodin bulo. Ya je, ya bi wuraren buga bulo ɗaya bayan ɗaya, ba shi. Wani ya ce Mararaba, a ƙarƙashin gada. Ya je ya tsaya cikin hayaƙin motoci yana leƙa fuskar duk mai tsawon Jethro har idanunsa suka yi ja.

Damina ta sauka a kansa yana hanya. Ya bar rumfarsa ta kasuwa a hannun maƙwabta, manomansa suka fara sauka wurin wasu. In ya dawo gida ba ya iya zama. Ya zauna a zaure, ya miƙe, ya leƙa hanya, ya shiga tsakar gida ya zagaya rijiya, ya fito. Ana sa masa tuwo ya yi loma kaɗan ya ce ya tuna wani direba da ya kamata ya tambaya. Ko a masallaci, ana sallamewa shi ne farkon neman takalmi. Mairo ta ce tun tana amarya ba ta taɓa ganin ya bi mutum da irin wannan rawar jiki ba. Ya ce ai da bai taɓa bin ɗansa ba.

Ana cikin haka sammacin kotu ya zo. Nasiha ta karanta masa, ta maimaita, ta ce sunansa ne a ciki tare da na kamfani, kuma dole ya je ko ya aika lauya. Ya ce zai je. Amma ana gobe zaman kotu wani mai ɗaukar gawayi ya ce ya ga mai kama da Jethro a tashar Nasarawa. Husaini ya auna abin a ransa. Ya tsaya gaban alƙali hannu rabbana, a tambaye shi ina wanda ka tsaya wa, ya ce bai sani ba? Shi da bai taɓa zuwa gaban sarkin kasuwa ba sai da mutum a hannu? Gara ya makara ya zo da shi. Da safe ya hau motar Nasarawa.

Bai same shi ba. Aka ɗage zama, aka sake sa rana, ranar ma tana zuwa yana wani ƙauye yana tambayar masu shayi. Nasiha ta tare shi a zaure ta ce, "Baba, kotu ba kasuwar doya ba ce. Ba za ta jira ka ba."

"Ba jirana za ta yi ba," in ji shi. "Shi za ta jira."

Ba ta jira kowa ba. Aka yanke hukunci ba ya nan: shi da kamfani, kowanne ana iya binsa bashin gaba ɗaya. Ba a daɗe ba ma'aikatan kotu suka zo gidan yana hanya. Suka leƙa ɗakuna, suka ga tsohon firji da keken ɗinkin Mairo da katifu, suka kalli juna. Ɗayansu ya fita ya tsaya a tsallaken hanya yana ƙare wa gidan kallo tun daga shago har ƙarshen katanga. Da Husaini ya dawo Mairo ta ce masa mutumin ya kalli gidan nan yadda mahauci ke kallon rago. Ta ce sun faɗa mata in kayan ɗaki ba su isa ba, za a koma kotu a nemi izinin sayar da gida.

Ya ce ai bai ba su takardun gida ba, sai da ya tambaya da bakinsa ranar sa hannu. Nasiha ta ce ba sa buƙatar ya ba su. Wanda ya tsaya da kansa, duk abin da ya mallaka ya tsaya tare da shi.

Wannan maganar ce ta fara shigarsa, amma ba ta zaunar da shi ba, ƙara masa sauri ta yi. Yanzu ya san abin da ke kan layi. Gidan da ya gina ɗaki-ɗaki, inda zai mutu a yi masa wanka, inda Mairo za ta zauna bayansa. Kuma a lissafinsa hanyar tsare gidan ɗaya ce, ya kai musu yaron kafin su koma kotu.

Doya sabuwa ta fara shigowa kasuwa lokacin da wata mai sayar da abinci ta ce masa ya gwada wuraren haƙar dutse da ke bayan Nasarawa, inda samari ke tururuwa, ba mai tambayar wani daga ina. Ya hau mota, ya sauka ya hau babur, babur ya kai shi inda hanya ta ƙare. Rumfunan leda ne birjik, ƙasa a farfashe, kowa fari fat da ƙurar dutse. Ya bi layin masu abinci, ya bi layin masu cajin waya. Can ya hango wani yana turo kurar jarkoki daga rafi, kansa a sunkuye. Tafiyar ya gane kafin fuskar.

Jethro bai gudu ba. Ya saki kurar, ya durƙusa a cikin taɓo. Ya rame har wuyan rigarsa ya yi masa yawa. Abin da ya fara fita bakinsa shi ne, "Baba, ka ci abinci?"

Husaini ya miƙa hannu ya kama wuyan hannunsa, yatsunsa suka zagaye har suka haɗu. A hanya Jethro ya ce shi tunaninsa ya tara wani abu ya dawo da shi a hannu, kunya ce ta hana shi waya, kuma ya ɗauka in ba a gan shi ba banki za su haƙura da injunan. Husaini ya ce ya yi shiru, a can zai yi bayani. Bai saki hannun ba a kan babur, bai saki a mota ba, har kwandasta ya tambaya ko ɓarawo ne. Ya ce ɗansa ne.

Ko gida ba su biya ba. Da taɓon a ƙafafunsu suka shiga banki, mai gadi yana binsu da ido. Caroline tana kan teburinta. Husaini ya tsaya a gabanta, ya ji wani sanyi yana sauka a kafaɗunsa wanda rabonsa da shi tun kafin damina. Ya ɗaga hannun ya miƙa mata.

"Ga mutuminku."

Ba ta miƙo nata ba. Ta kalli Jethro, ta kalli tsohon, ta jawo kujera ta ce ya zauna. Ya ce a tsaye ake yi.

"Baba, sannu da hanya," in ji ta a hankali. "Amma ba shi ya ci bashin ba. Kamfani ne."

"Kamfanin ai nasa ne."

"Nasa ne. Amma a wurin doka kamfani daban, shi daban. Shi ma ya sa hannu kamar yadda ka sa, muna iya binsa. To me zan karɓa a wurinsa? Dube shi. Ko da yana zaune a kujerar nan tun ranar farko bai je ko'ina ba, wurinka za mu zo. Doka ta ba mu mu bi wanda yake da shi."

Husaini ya tsaya da hannun a sama. Masu layin cire kuɗi sun juyo suna kallo. Duk tsawon rayuwarsa, in ya kawo wuyan hannu akwai tafin da ke jiransa. Yau ya kawo, ba inda zai ajiye. Ya tambaya, ba da gatse ba, in kamfanin ne mai laifi a ina zai same shi ya kawo. Jethro ya ce da ƙaramar murya, ginin haya ne, mai shi ya karɓe, awaki ne ke kwana a ciki. A hankali hannun ya sauko. Bai san lokacin da ya saki ba.

Washegari ya bar Nasiha ta kai shi wurin wani lauya, Barista Mahfuz, mijin abokiyar aikinta. Lauyan ya duba komai ya ce sa hannun nasa ne, an yi masa bayani, ba a tilasta shi ba, ba abin da zai goge wannan. Ya ce da ya zo tun sammacin farko, da an nemi sulhu kafin ruwan bashin ya kumbura, kafin kuɗin shari'a ya hau kai. Yanzu abin da ya rage shi ne a roƙi banki kada a kai ga gwanjo, don gidan da aka yi gwanjonsa ba ya kawo rabin darajarsa. Sannan ya ƙara da cewa, in ya biya, doka ta ba shi dama ya juya ya bi kamfanin, ya bi Jethro da rabonsa na nauyin. Husaini ya yi wata 'yar dariya ta hanci, ya ce bin Jethro kam ya riga ya yi.

An yi ta kai da kawo. Lauya ya je, Nasiha ta je, liman da mai unguwa suka sa baki. Husaini kuwa ya kasa zama a ko ɗaya daga cikin zaman, sai ya fita ya yi ta zagaya harabar har a kira shi. A ƙarshe banki suka yafe wani kaso na ruwan bashin, da sharaɗin a biya sauran a dunƙule. Ba abin da zai kawo wannan kuɗin sai fuskar gidan. Wani mai sayar da wayoyi ya saya: shagunan biyu, zauren, ɗakin da Jethro ya yi karatu a ciki, da wani yanki na tsakar gida don ya yi sito. Da mai awon fili ya ja igiyarsa, rijiyar ta faɗa ɓangaren mai saye. Mairo ta ce a karkata igiyar kaɗan. Mai saye ya ce da rijiyar ya yi ciniki.

Ranar da magina suka fara jera bulo a tsakiyar gidan, aka yi sallama ta lungu, inda aka fasa sabuwar ƙofa. Yosiya ne, da sanda a hannu ɗaya, ɗaya hannun a wuyan hannun Jethro. Daga Garaku ya taho da shi a haka, ɗan yana yi masa ja-gora shi kuma yana riƙe da ɗan. Ya laluba har ya samu tafin Husaini, ya ɗora.

"Maigida, ga mutuminka."

Husaini ya kalli hannun da ke cikin nasa. Sau nawa ya yi wa mutane haka ya juya ya tafi da sauƙin zuciya, bai taɓa tsayawa ya ga abin da mai kaya yake yi da hannun ba. Hannu ne kawai, mai ɗumi, mai kanta. Ba zaure ba ne, ba rijiya ba ce. A bayansa magini yana buga cebur a kan bulo.

"To, na karɓa," ya ce. "Yanzu in yi yaya da shi?"

Yosiya ya ce wannan kuma shi bai sani ba, shi dai ya kawo.

Ba a kai Jethro ƙara ba. Ya kama ɗaki a Sabon Gari, ya samu kura yana tura ruwa a cikin gari. Kullum da safe gidan yake fara zuwa, ya shigo ta lungu ya cika wa Mairo randunanta da duro, ya gaishe ta. Ta daɗe ba ta amsawa. Yanzu ta kan amsa, a taƙaice, ba ta kallonsa. In kaka ta yi, doyar Yosiya ta kan iso ba a yi cinikinta ba. Kowa a gidan ya san ruwan jarka da doyar ba za su mayar da katangar baya ko taku ɗaya ba, ba mai faɗa dai.

Husaini ya koma rumfarsa, amma ba ya daɗewa a zaune. Har yanzu ana zuwa nemansa ya tsaya wa mutum, don ba kowa ya daina yarda da tsohon tsari ba. Ya kan tashi ya raka, ya faɗi abin da ya sani game da mutumin da gidansu, iyakar abin da ya sani. In aka fito da takarda ya ce a kai wa Nasiha. Hannuwansa kuwa suna baya, ɗaya riƙe da wuyan ɗaya.

Da la'asar in ya taso, ƙafarsa ta kan kai shi tsohuwar ƙofar. An sa mata gilashi, kiɗa na tashi, wayoyi a jere inda tabarmarsa take a da. Mai shagon ya kan leƙo ya ce, "Baba, ta lungu ne."

"Na sani."

Sai ya wuce lungun ma bai shiga ba. Mairo tana tsakar gidan da ya rage, ta kan ji takunsa ta bayan katanga yana yin ƙasa wajen rafin Antau, ta rufe tuwon ta mayar gefen murhu.